GAMBA: CIYAWAR DA TA CANCANCI KULAWA

Gamba ciyawa ce mai tsiro dunƙule-dunƙule, wadda tushenta ba ya mutuwa da rani. Tsawonta yakan kai mita 3 ko 4. Saiwarta tana nutsawa cikin ƙasa ƙwarai, saboda haka takan jure rani mai tsanani, kuma tana cikin ciyayin da ke fara tohowa da zarar an yi ruwan fari. Masana ilmin tsirrai suna kiranta Andropogon gayanus.

Asalinta da Yaɗuwarta

Gamba ’yar asalin Afirka ce. Ana samunta a dazuzzukan da ba su cika duhuwa ba, tun daga Senegal har Sudan, daga nan kuma har kudancin nahiyar. A 1980 ƙasashen Kolambiya da Brazil suka fara raba wa makiyayansu wani irin gamba wanda aka ɗauko daga Shika, kusa da Zariya. An kai ta Ostireliya wajen 1930, amma a can ta bazu har ta zama annoba mai haddasa gobarar daji. Abin alfahari shi ne, har a ƙasashen Turawa da sunanta na Hausa ake kiranta.

Amfaninta

Sabon tohonta abinci ne mai kyau ga shanu da tumaki. Da karanta ake saƙa zana, ake kuma fiƙe alƙalami. Manoma sukan bar ta a kan iyakar gona don gudun rigima. A wurare masu tuddai, kamar Duvu ta Ƙaramar Hukumar Mubi ta Kudu a Jihar Adamawa, inda ruwan damina ke gangarowa da ƙarfi, jerin gamba yakan tare ƙasa, ya hana zaizaya.

Abin da Ya Kamata a Yi

1. Kada a tumɓuke tushenta wajen sharar gona.
2. In za a yanka, a bar kamar taki guda daga ƙasa.
3. A hana dabbobi cinye sabon toho ƙarƙaf.
4. A guji cinna wa daji wuta da tsakar rani.
5. A farkon damina a rarraba tushe, a dasa shi a jere a gicciye da gangare.

Ƙasar da ruwa ya kwashe ba ta dawowa a shekara guda. Don haka ana kira ga manoma da makiyaya da masu unguwanni su haɗa kai wajen kiyaye wannan ciyawa. Mai neman ƙarin bayani ya tuntuɓi malamin gona na yankinsa.