Kalmar "Unitive": Abin da Yake Mai da Biyu Su Zama Ɗaya

Duk wanda ya saba buɗe littattafan Turanci masu magana a kan aure ko addu'a, ko fasto ne mai shirya darasin masu neman aure, ko ɗalibin makarantar tauhidi, mai yiwuwa ya taɓa cin karo da wata baƙuwar kalma, wato unitive. Sau da yawa mai karatu yakan tsallake ta, yana zaton an so a rubuta united ne hannu ya goce. Ba kuskure ba ne. Kalma ce mai zaman kanta, ta kuwa yi shekara wajen 500 a harshen Turanci, ko da yake ba a jin ta a kasuwa ko a rediyo, ba kowane ƙamus na makaranta ne kuma ya ɗauko ta ba. Ana furta ta "yunitib", da nauyin murya a gaɓar farko. Abin da ya sa ta cancanci darasi guda shi ne, ma'anarta ta taɓa wata tambaya da ta daɗe tana hana gidaje barci: don me aka kafa aure, kuma auren da Allah bai ba shi haihuwa ba cikakke ne ko ragagge?

Asalinta da Danginta

Tushen kalmar Latin ne. A wannan harshe unus shi ne "ɗaya", unire kuwa "a haɗa a mai da ɗaya". Daga nan malaman Ikkilisiya na Turai suka yi amfani da unitivus, Turanci kuma ya aro ta a farkon ƙarni na 16. Danginta suna da yawa, an kuma san su: unit, unite, unity, union, unique. Ita kanta ba ta cikin fassarar Littafi Mai Tsarki ta Sarki Yakubu ta 1611. A can unity ce ta fito sau uku, a Zabura 133:1 da Afisawa 4:3 da 4:13.

Sirrin kalmar yana wutsiyarta. Ɗafin nan na -ive yakan nuna abin da yake da ikon aikata wani abu: creative mai ƙirƙirowa ne, destructive mai rushewa. Saboda haka united tana faɗin halin da abu yake ciki bayan an riga an haɗa shi, unitive kuwa tana nuna abin da yake yin haɗin. Hausa ta san wannan bambanci sarai, gama "haɗaɗɗe" daban, "mai haɗawa" daban. Katangar da magini ya gama haɗaɗɗiya ce. Kwaɓin da ya zuba tsakanin tubali da tubali shi ne mai haɗawa. Mai wucewa katanga yake gani ya yaba, amma magini ya san cewa in kwaɓin ya yi rauni, damina ɗaya ta isa ta tona asiri.

Akwai wasu dangi uku da ya kamata a raba ta da su. Ta farko uniform, wadda Hausa ta ara ta ce yunifom, ma'anarta kama ɗaya. Matan zumunta suna iya ɗaura zane iri ɗaya ranar taro, su yi kyau a ido, alhali biyu daga cikinsu sun shekara ba sa gaisawa. Ta biyu unitary, kalmar tsarin mulki ce, inda iko duka yake taruwa a tsakiya. A watan Mayu na 1966 gwamnatin Janar Aguiyi-Ironsi ta fitar da Dokar Soja ta 34, ta soke tsarin tarayya ta mai da Nijeriya ƙasa mai irin wannan tsari. An yi ta da sunan haɗin kai, amma tarzoma ce ta biyo baya, ba a kuma ƙare shekarar ba sai da aka janye dokar. Ta amsa sunan unitary, ba ta zama unitive ba. Ta uku Unitarian, sunan masu koyarwar da ta ƙi gaskiyar Allah Uku Cikin Ɗaya. Kamannin haruffa kawai ya haɗa su, kada ɗalibi ya ruɗe.

Hanya ta Uku

Gidan farko da kalmar ta zauna shi ne koyarwa a kan addu'a. Wajen shekara ta 500, wani marubuci da ya yi rubutu da Helenanci a ƙarƙashin sunan Diyonisiyus ya kasa tafiyar rai zuwa ga Allah kashi uku: tsarkakewa, haskakawa, da kammalawa. Malaman baya suka ɗauki wannan kashi suka faɗaɗa shi, cikinsu har da Bonabentura a ƙarni na 13, wanda ya rubuta ɗan littafi a kan hanyoyin uku. Da Turanci ana ce musu purgative, illuminative da unitive. A hanya ta farko mai bi yana yaƙi da zunubi da tsofaffin halaye. A ta biyu hankalinsa yana wayewa da sanin Almasihu. A ta uku nufinsa yana haɗuwa da nufin Allah, har abin da Allah yake so ya zama shi ne abin da shi ma yake so. Teresa ta Abila, wadda ta rasu a 1582, da Yahaya na Gicciye, wanda ya rasu a 1591, dukansu mutanen Sifen, sun yi dogon rubutu a kan wannan matsayi. A 1911 wata marubuciya 'yar Ingila, Ebelin Andahil, ta fitar da littafinta mai suna Mysticism, ta kuma sa wa wani babi na ƙarshen littafin wannan kalma, abin da ya taimaka ta shiga hannun masu karatun Turanci na zamani.

Masu bin tafarkin Gyaran Ikkilisiya suna da dalilin yin hattara da wannan tsani mai hawa uku, domin yana iya sa mutum ya zaci da ƙoƙarinsa yake hawa zuwa ga Allah. Manzo Bulus ya koyar cewa mai bi yana cikin Almasihu tun ranar da ya ba da gaskiya, ba sai ya kai wani mataki ba. Duk da haka kalmar ta riƙe wata gaskiya mai daraja. Banad na Kilerbo, wanda ya rasu a 1153, ya kwatanta ran da ƙaunar Allah ta cika da ƙarfen da aka sa a wuta. Wanda ya taɓa tsayawa a maƙera ya ga abin da idonsa: ƙarfen yakan yi ja wur har a kasa bambanta shi da garwashi, amma bai daina zama ƙarfe ba. Haɗuwa ce wadda ba ta shafe kowa. A nan ne kuma ya kamata mai karatu ya buɗe ido, domin tun daga shekarun 1960 masana halayyar ɗan Adam, irin su Abraham Maslo na Amurka, sun ari kalmar don bayyana lokacin da mutum yake jin shi da dukan halitta abu ɗaya ne. Wasu littattafan da ake sayarwa a yau sun wuce nan, suna cewa mutum yana narkewa ya zama Allah. Kalmar ɗaya ce, koyarwar ba ɗaya ba ce. A addu'ar Ubangiji Yesu ta Yahaya 17, ya roƙa almajiransa su zama ɗaya kamar yadda shi da Uba suke, Uba kuwa bai zama Ɗa ba, Ɗa bai zama Uba ba.

A Ɗakin Aure

Inda aka fi samun kalmar a littattafan zamani shi ne batun aure, kusan kullum kuma tana tafe da abokiyarta procreative, wato mai kawo haihuwa. Abin da ya yaɗa wannan tagwaitaka shi ne wasiƙar Paparoma Bulus na Shida mai suna Humanae Vitae, wadda ta fito ranar 25 ga Yuli, 1968. A sashe na 12, bisa ga fassarar Turanci, ya ce saduwar miji da mata tana da ma'ana biyu, mai haɗawa da mai haifarwa, bai kuma halatta mutum ya raba su da gangan ba. A kan wannan ne Roman Katolika ta tsaya wajen hana magungunan hana ɗaukar ciki. Bishof-bishof na Angilikan kuwa, a taronsu na Lambet a 1930, sun riga sun yarda ma'aurata su tsara haihuwa idan akwai dalili mai nauyi, yawancin ikkilisiyoyin Furotesta kuma suka bi wannan hanya daga baya. Saɓanin yana nan har yau. Abin lura shi ne, ɓangarorin biyu ba su saɓa a kan kalmar kanta ba. Dukansu sun yarda cewa aure yana da aikin haɗa mutum biyu, aikin nan kuma daga Allah yake, ba ƙari ba ne da aka liƙa wa haihuwa.

Ikkilisiya ta ɗauki lokaci kafin ta faɗi wannan da babbar murya. Agustin na Hippo, wajen shekara ta 401, ya lissafa albarkun aure uku, ya fara da 'ya'ya, sa'an nan aminci, sa'an nan alkawari marar warwaruwa. Littafin addu'a na Ikkilisiyar Ingila na 1549, wanda Akbishof Tomas Kiranma ya shirya, shi ma ya kawo dalilai uku: haihuwa, tsari daga zunubi, sa'an nan zaman tare da taimakon juna da ta'aziyya a cikin daɗi da wuya. Sa wannan dalili na uku a cikin hidimar ɗaurin aure babban abu ne a zamanin, ba mamaki kuma da ya fito daga hannun Kiranma, gama shi kansa mai aure ne. Martin Buza, malamin Gyaran Ikkilisiya daga Sitirasbog, da aka nemi ra'ayinsa a kan littafin a 1551, ya ba da shawara a ɗauko dalilin ƙarshe a sa shi a farko. Ba a karɓa ba. Sai a littafin sujada na 1980 Ikkilisiyar Ingila ta sa taimakon juna a gaba, bayan shekara fiye da 400.

Buza ne yake da gaskiya, Littafin Farawa kuwa shi ne shaidarsa. Albarkar hayayyafa tana sura 1 aya 28, ba mai musun ta. Amma a sura 2, daga aya 18 zuwa 25, inda aka ba da labarin kafa aure dalla-dalla, dalilin da Allah ya bayar shi ne kaɗaicin mutum da bukatarsa ta mataimaki. Aya 24 ta yi maganar barin iyaye, da manne wa mata, da zama jiki ɗaya, ba ta ambaci ɗa ba. Wato ranar da aka ɗaura aure aka yi alkawari, auren ya cika. Haihuwa kyauta ce da take zuwa a kan abin da ya riga ya tsaya da ƙafafunsa. Majalisar Batikan ta Biyu ma, a 1965, ta bayyana cewa ba domin haihuwa kaɗai aka kafa aure ba, kuma ko babu 'ya'ya darajarsa da dawwamarsa ba su ragu ba.

Maganar ba ta aji kaɗai ba ce. A rahoton da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2023, kusan mutum ɗaya cikin shida na manya yakan fuskanci matsalar rashin haihuwa a wani lokaci na rayuwarsa, matsalar kuwa tana iya kasancewa daga miji kamar yadda take iya kasancewa daga mata. Amma kowa ya san wadda ake kallo idan shekara uku ta wuce shiru. Uwar miji takan fara da habaici, dangi su bi da shawara, wani lokaci har a kawo wa mijin wata a ɓoye da sunan ceton zuriya. Littafi Mai Tsarki ya nuna irin wannan gida. Elkana yana da mata biyu, Feninna mai 'ya'ya da Hannatu marar ɗa, gorin kishiya kuma ya hana Hannatu cin abinci. A 1 Sama'ila 1:8 Elkana ya yi ƙoƙarin ta'azantar da ita, yana nuna mata cewa shi kansa ya fi mata 'ya'ya goma. Maganar ba ta share hawayenta ba, ana kuma iya cewa bai gane zurfin ciwonta ba, bare ma gidansa ne da kansa ya ba da filin gorin. Duk da haka ya faɗi abin da mazaje da yawa ba su taɓa faɗa wa matansu ba, cewa abin da yake tsakaninsu yana da nauyin kansa. Zakariya da Alisabatu kuwa sun tsufa tare babu ɗa, Luka 1:6 kuma ya shaida su biyun masu adalci ne a gaban Allah tun kafin mala'ika ya zo da albishir.

Haka nan kalmar tana da magana ga gidan da yake cike da yara. Mai yiwuwa ne miji da mata su haifi bakwai, su biya kuɗin makaranta, su zauna a benci ɗaya ranar Lahadi, amma hirarsu duka ba ta wuce cefane da rashin lafiyar auta ba. Kowa a unguwa zai ce haɗaɗɗu ne. Ranar da auta ya yi aure ya tashi, sai a ga baƙi biyu a tsakar gida, domin yaran ne suke riƙe da katangar. Tun da yake unitive sunan aiki ne mai ci gaba, tambayar da take yi ita ce, mene ne yake haɗa su a wannan mako: cin abinci tare, addu'a tare, shawara a kan kuɗi ba ɓoye-ɓoye, neman gafara kafin a kwanta, da kuma hakkin jiki wanda Bulus ya ce a 1 Korantiyawa 7:3-5 kada ɗayansu ya hana wa ɗaya. A Kolosiyawa 3:14 ya kira ƙauna abin ɗauri, wanda yake tattara sauran halaye wuri guda.

Ga masu fassara wa'azi ko darasi daga Turanci, "haɗin kai" ba ta isa ta ɗauki wannan kalma ba, domin ta fi dacewa da unity, tana kuma kawo hoton taro ko ƙungiya. "Ɗayantaka" ma hali take nunawa. In aka same ta a batun addu'a, sai a ce "hanyar haɗuwa da Allah". In a batun aure ne, "mai haɗawa" ta wadatar, ko kuwa in akwai fili a jimlar a buɗe ta a ce "abin da yake mai da miji da mata su zama ɗaya".