DARASI: LISSAFIN GUTSURE WAJEN KIWON RAGUNA DA AWAKI

A shekarar 2025 Sallar Layya ta faɗo farkon watan Yuni, wato ƙarshen rani, lokacin da ciyawa ta ƙare kuma dussa ta yi tsada. Wanda bai lissafa abincin ragonsa tun farko ba, sai ya sayar da shi da rama kafin kasuwa ta yi kyau. To, abincin dabba ba kullum yake zuwa kilo cikakke ba: akwai rabi (1/2), sulusi (1/3) da rubu'i (1/4). Ga yadda ake aiki da su.

1. NINKAWA

Ana ninkawa in an san rabon dabba guda, ana neman na duka.

Misali: mai kiwo yana da raguna 4. A ce kowane yana cin kilo 3/4 na dussa a wuni, kiwon kuma kwana 90 ne. Buhu nawa na kilo 50 zai saya?

A ninka lambar sama da yawan raguna, ta ƙasa ta tsaya yadda take: 3/4 × 4 = 12/4 = kilo 3 a wuni.
Kwana 90: 3 × 90 = kilo 270.
270 ÷ 50 = buhu 5 da 2/5. Ke nan buhu 6 zai tanada, don 5 ba za su kai shi ba.

2. GUTSUREN GUTSURE

Wata mata a gulbin Kaba ta tara harawa dami 60. Ta sayar da sulusi bayan girbi, saura 2/3. Cikin abin da ya rage ta ware 3/4 don raguna. Dami nawa ke nan?

Sama da sama, ƙasa da ƙasa: 3/4 × 2/3 = 6/12 = 1/2. Rabin 60, dami 30 ne. Awaki kuma sun tashi da dami 10.

A kula fa: 3/4 ɗin na abin da ya rage ne, ba na dami 60 ba. Wanda ya ce 45 ya ƙirga harawar da aka riga aka kai kasuwa.

3. RABAWA

Ana rabawa in an san abin da ke rumbu, ana neman kwana nawa zai yi.

Misali: jajayen awaki 3 masu shayarwa, kowace ana ba ta kilo 1/4 na tunkuza a wuni, wato 3/4 gaba ɗaya. Akwai kilo 12. Kwana nawa?

A juya gutsuren, ta ƙasa ta koma sama, sannan a ninka: 12 ÷ 3/4 = 12 × 4/3 = 48/3 = kwana 16.

Me ya sa ake juyawa? Kilo 12 rubu'i 48 ne, kullum ana cinye 3, shi ya sa 48 ÷ 3. Wanda ya manta bai juya ba zai samu 9. Hankali kaɗai ya isa ya nuna kuskure ne: awakin ba su cinye kilo guda a wuni, dole kwanakin su wuce 12.

A GWADA A GIDA

Allurar ivermectin mai ƙarfin kashi 1 cikin 100, mililita 1 ake yi wa kilo 50 na nauyin dabba. Tunkiya mai kilo 40, nawa za a yi mata? Mililita 20 za su isa tumaki nawa irinta?

Amsa: 40/50 = mililita 4/5; 20 × 5/4 = tumaki 25.

Kada a yi allura da ka. A duba takardar kwalba, ko a tambayi ma'aikacin kiwo na kusa. Allah ya ba da sa'ar kiwo.