Rajistar Sunan Kasuwanci a Kamaru: Ka Yi da Sunanka

'Yan'uwa mazauna Minawao, da waɗanda suka fita neman abinci a Mokolo, Marwa da Garwa, darasinmu na wannan fitowa a kan sunan shago ne. Magana ce da ake yawan kawo mana a ofishin kariya, amma galibi ba a zuwa da ita sai bayan ɓarna ta auku.

Ga yadda ɓarnar take faruwa. Mutum ya tara ɗan jari, ya sayi keken ɗinki biyu, ya kama shago a Garwa. Sai a ce masa ai baƙo ba ya rajista a ƙasar nan, ya nemi ɗan ƙasa ya ara masa suna. Sai ya sa sunan mai gidan da yake haya, ko na abokin da suke salla sahu ɗaya. Shekara biyu ana zaune lafiya. Ranar da aka saɓa, ko aka biyo mai sunan bashi, ko ya rasu magada suka zo rabon gado, takarda ta ce shagon nasa ne. Mun sha zama muna fassara irin wannan ƙorafi: mai dukiya yana ta rantsuwa, jami'i yana cewa ina takarda, shi kuwa ba abin da yake da shi sai shaidar baki. Abin takaicin, tun farko ba ya bukatar aron sunan.

Dokar 'yan gudun hijira ta Kamaru, mai lamba 2005/006 ta ranar 27 ga Yuli 2005, ta bai wa wanda aka amince da shi a matsayin ɗan gudun hijira damar yin sana'a kamar ɗan ƙasa, ko aikin albashi ne ko na kansa. Sai dai ba ta yafe masa haraji ba. Saboda haka katinka na gudun hijira shi ne makaminka. Ka duba kada kwanan watansa ya wuce. In ma'aikaci ya ce bai san katin ba, kada ka yi musu da shi, kada kuma ka ba da na goro. Ka dawo ka shaida mana.

Waɗanda suka taɓa rajista da CAC a Maiduguri ko Yola su sani cewa takardar ba ta aiki a nan. Kamaru tana bin dokokin kasuwanci na OHADA ne, ƙungiyar ƙasashe 17 da aka kafa a 1993. Nijar da Cadi suna ciki, Nijeriya ba ta ciki. Kundin rajistar 'yan kasuwa sunansa RCCM, kuma yana hannun magatakardan kotu. A Garwa da Marwa akwai ofishin CFCE, wanda ya haɗa ma'aikatan kotu da na haraji wuri guda don a rage wa mutum yawo, kuma ƙa'idarsa ita ce a gama cikin awa 72 in takardu sun cika. Mu dai shawararmu, ka tafi da guzurin da ya fi na kwana uku, kuma kada ka bar sansani ba tare da takardar tafiya ba.

Yawancinmu ba kamfani za mu buɗe ba. Mai shayi, tela, mai cajin waya, mai sayar da busasshen kifi, duk akwai matakin da dokar OHADA ta 2010 ta tanadar musu, ana kiransa entreprenant da Faransanci. Ba ka bukatar lauya. Za ka bayyana sunanka, inda kake sana'a da irin sana'ar, a ba ka lamba, kuma doka ta ce wannan bayyanawar kyauta ce. Lambar za ta riƙa fitowa a kan rasit ɗinka. Akwai sharaɗin da mutane ke mantawa: sai ka riƙe littafi kana rubuta abin da ya shigo da abin da ya fita kullum, ka adana shi shekara biyar. Littafin makaranta ma ya isa, in ba ka iya rubutu ba ɗanka ya rubuta maka.

Wanda cinikinsa ya yi ƙarfi, shi cikakkiyar rajistar ɗan kasuwa zai yi, cikin watan farko da fara aiki. A nan ne ake rubuta sunan shagon kusa da sunansa na yanka. Zai sa hannu cewa ba hukuncin da ya hana shi kasuwanci, sannan ya kawo takardar kotu mai tabbatar da haka cikin kwana 75. A kula da rubutun suna. Faransanci yana rubuta Usman da Ousmane, Musa da Moussa. Yadda yake a katinka, haka za a rubuta shi a ko'ina, harafi da harafi, in ba haka ba gobe a ce mutum biyu ne.

Bayan kotu sai ofishin haraji, inda ake karɓar lambar mai biyan haraji, wato NIU. Sannan ofishin magajin gari, wanda a nan ake kira meri, mai karɓar kuɗin rumfa a kasuwa. Tikitin da ake yanka maka ran kasuwa ba rajista ba ne, haka ma allon da mai fenti ya rubuta maka. Duk abin da ka biya, karɓi rasit mai hatimi.

Mata masu adashe ko masu ƙuli-ƙuli da suke aiki tare, mutum biyar sun isa su kafa ƙaramar ƙungiyar haɗin gwiwa, kuma rajistarta a ofishin ma'aikatar noma ake yi. Kada a sa komai da sunan shugaba ita kaɗai. Mai son hana wani ɗaukar sunan kayansa kuwa, wannan aikin hukumar OAPI ne da ke Yawunde, kuma sai ciniki ya kai a yi wannan ɗawainiya.

In ka riga ka yi da sunan wani, kada ka tayar da rigima. Ka tattara rasit ɗin kayan da ka saya, ka zo mu duba yadda za a gyara tun kuna shiri da shi. Duk takardar Faransanci da aka ba ka, ka kawo mu karanta maka kafin ka dangwala yatsa.