Gyaran Manhajar Zane ta Injiniyoyi: Bayani ga Hakimai da Malamansu

Kowane maigida a birnin Zariya ya san ginin ƙasa ba ya daɗewa sai da yaɓe kafin damina. Ganuwar birni ma, da aka bar yi mata gyara, ta zube a wurare da dama. To, haka abin yake ga manhajar da injiniyoyi suke zana taswirar hanya, da kwalbati, da magudanar ruwa da ita a kwamfuta.

1. Wadda ta fi shahara ita ce AutoCAD, ta kamfanin Autodesk na Amurka, wadda ta fara fitowa a 1982. Kowace shekara akan fito da sabuwa. A tsakani kuma akan aiko da ƙananan gyare-gyare, watau faci, domin gyara kurakurai da toshe kafar da ɓarayi ke bi. A 2012 an gano wata ƙwayar cutar kwamfuta tana satar zane-zanen AutoCAD, galibi a ƙasar Peru, tana aika su waje.

2. An sāke tsarin ajiye zanen, wanda ake kira DWG, a fitowar AutoCAD 2010 da AutoCAD 2013 da AutoCAD 2018. Sabuwar manhaja tana buɗe tsohon zane, amma tsohuwa ba ta buɗe zanen da aka ajiye bisa sabon tsari. Saboda haka ofishi biyu suna iya riƙe da taswira ɗaya, ɗayansu ya kāsa ganinta.

3. Tun 2016 kamfanin ya daina sayar da ita baki ɗaya, sai haya. Kofen sata da ake samu a kasuwa ba shi da hakkin faci. Haka kuma ran 14 ga Oktoba, 2025, Microsoft ya daina gyaran da ya saba yi wa Windows 10, wadda manhajar take hawa a kanta a kwamfutoci da yawa.

4. Ba a ce Hakimi ya koyi zane ba. Abin da ake so shi ne, in injiniya ya kawo taswirar aiki a gunduma, Malamin Hakimi ya rubuta a rajista sunan manhajar, da shekararta, da ranar da aka yi zanen. Ya karɓi kofe a takarda mai sa hannu da hatimin injiniyan, ya adana. Ya kuma tambaya ko an ajiye wani kofen a wuri dabam, gama lalle a yi haka kafin kowane faci.

Dalili kuwa a fili yake. In taswirar magudana a Ƙofar Doka ko Ƙofar Kuyambana ta ɓace, sai an sāke awo, kuɗin jama'a ya tafi, aiki ya shiga damina. Gardamar iyaka da aka riga aka kashe kuma, zauren Hakimi za ta komo.