Kogon Ƙarau: Ina Tatsuniya, Ina Gaskiya?

Duk wanda ya tashi a Birnin Zariya ya san ba a rasa labarin ban mamaki game da dutsen Kufena da na Madarkaci. Wanda ya fi yawo a ɗakunan kwananmu shi ne na wani kogo, wai bakinsa yana gindin Kufena, ya bi ta ƙarƙashin ganuwa har cikin gari. Wai cike yake da duwatsu masu ƙyalli kamar ƙarau. Wanda ya kwana ɗaya a ciki, in ya fito sai ya tarar shekara ta wuce, kuma duk abin da ya yi mafarki sai ya tabbata. Har wasu 'yan aji ɗaya suna ƙulla zuwa nemansa, don su yi mafarkin tambayoyin jarrabawa. Shi ya sa na ga ya kamata mu rairaye labarin nan, mu ware tsaba da tsakuwa.

Da farko dai, shin irin wannan kogo zai samu a Zariya? A darasin labarin ƙasa mun koyi cewa manyan koguna sun fi samuwa inda akwai dutsen farar ƙasa, domin ruwa yana cin sa sannu a hankali har ya rarake shi. Kufena kuwa dutse ne mai taurin gaske, irin wanda ake fasawa a zuba a kankare. Abin da ake samu a jikin irinsa shi ne tsaguwa da 'yan lunguna, mafakar macizai da jemagu.

Amma fa akwai kogon ƙarau na gaske a duniya. A shekarar 2000 masu haƙar ma'adinai a Naika, cikin ƙasar Meziko, suka faɗa wa wani kogo mai zurfin kusan mita 300. Suka tarar da duwatsu garai-garai sun gitta ko'ina kamar azara, wani ma tsawonsa ya kai mita 11. Dangin allin da malamanmu ke rubutu da shi ne, ya yi dubban shekaru yana girma cikin ruwan zafi. Zafin kogon ya haura digiri 50, mutum ba ya jure fiye da 'yan mintoci in babu tufafi na musamman. Ina ga kwana, balle mafarki!

To, batun lokaci fa? Mu Musulmi mun san ƙissar As'habul Kahfi, samarin da suka yi barcin shekara 309 a kogo. Wannan ikon Allah ne, ba aikin wani dutse ba. Abin da kogo ke yi wa ɗan Adam kuwa an gwada an gani. A 1962 wani saurayi Bafaranshe mai suna Mishel Sifir ya shiga kogo a duwatsun Alf, ba agogo, ba hasken rana, ya yi wata biyu. Da aka gaya masa lokacin fita ya yi, ranar 14 ga Satumba, shi a lissafinsa 20 ga Agusta ce. Lokaci bai tsaya ba, lissafinsa ne ya ɓace. Amma da abokansa suka duba lokutan barcinsa da farkawarsa, sai suka ga jikinsa yana bin yini mai sa'a 24 da 'yan kai. Ashe akwai agogo a jikin kowannenmu, hasken rana ne ke daidaita shi kullum.

Mafarki ma yana da nasa lokaci. A 1953 masana a Jami'ar Cikago ta Amurka suka gano cewa akwai wani mataki na barci da idanun mutum ke motsi a rufe, a nan ne aka fi yin mafarki, kuma ya fi tsawo wajen goshin asuba. Bincike ya kuma nuna barci yana taimakon ƙwaƙwalwa ta riƙe abin da aka karanta. Ke nan ɗalibin da ya ci goro ya raba dare yana bita da tocila a ƙarƙashin bargo, yana ɗiban ruwa ne da kwando.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne, akwai dutse mai ƙyalli da ke auna lokaci, kuma muna taka shi kullum. Dubi ɓallin dutsen Kufena da kyau, za ka ga 'yan ƙwayoyi kamar gilashi. Su ne ake kira kwaz. In aka yanka ɗan siririnsa aka sa masa wutar batir, sai ya riƙa kaɗawa sau 32,768 a kowane sakan. Da wannan agogon hannu ke ƙirga lokaci, tun da kamfanin Seiko na Japan ya fito da irinsa na farko a 1969. Kwaz ɗin agogo a masana'anta ake yin sa, amma asalinsu ɗaya.

Don haka, 'yan'uwana ɗalibai, kada wani ya cusa kansa ramin dutse neman abin da babu, ya gamu da kububuwa. Mu yi bita da rana, mu kwanta in an buga ƙararrawa. Iyayenmu kuma, don Allah in mun zo hutu a ci gaba da ba mu tatsuniya, amma a riƙa rufe ta da ƙurunƙus, don ƙannenmu su san inda ta ƙare. Allah ya ba mu ilmi mai amfani, amin.