Darasi Ga Masu Motoci Da 'Yan Kasuwa: Zaɓe Da Ɗaura Rim Na Alminiyon

ABUJA — Duk wanda ya ratsa layukan masu sayar da kayan gyaran mota a Apo, ko Gudu, ko Zuba, zai tarar da rim na alminiyon jere a bakin shaguna, wasu sababbi cikin kwali, wasu kuwa na hannu ne da aka shigo da su daga Turai ko Amurka ko Japan. Masu saye sukan tsaya su zaɓi wanda ya fi ba su sha'awa, a yi ciniki, mai faci ya ɗaura. To amma rim shi ne ke ɗauke da nauyin mota da na mutanen cikinta, saboda haka ba a sayensa da ido. Akwai lambobi biyar da tilas su dace da motar, sa'an nan akwai ƙa'idar ɗaurawa. Wannan darasi zai bi su ɗaya bayan ɗaya, domin amfanin mai mota, da mai kula da motocin kamfani, da kuma ɗan kasuwar da ke sayar da kayan.

Asalinsa Da Amfaninsa

Rim iri biyu ne. Akwai na baƙin ƙarfe wanda ake rufewa da marfin roba, akwai kuma na alminiyon da aka gauraya da wasu ma'adinai domin ya ƙara ƙwari. Kamfanin Bugatti na ƙasar Faransa ya sa irin wannan na biyu a motarsa ta tsere tun a shekarar 1924, daga baya ya bazu zuwa motocin hawa. A yau ƙasar Sin ce kan gaba wajen ƙera shi, kuma kamfaninta na CITIC Dicastal ya buɗe masana'anta a Kenitra ta ƙasar Maroko a shekarar 2019.

Nauyin alminiyon kusan sulusin na baƙin ƙarfe ne idan girmansu ɗaya. Yana kuma saurin fitar da zafi, abin da ke taimaka wa birki. Sai dai ba kowane rim na alminiyon ne ya fi na ƙarfe sauƙin nauyi ba, domin wanda aka yi ta hanyar zuba narkakken alminiyon cikin mazubi yakan yi kauri. Wanda aka matse da injin ƙira ya fi ƙwari da rashin nauyi, ya kuma fi tsada nesa ba kusa ba.

Babban bambancinsu yana bayyana ne ranar da mota ta faɗa rami. Rim na ƙarfe yakan lanƙwashe, a buga shi ya miƙe. Na alminiyon kuwa yana iya tsagewa. Saboda haka motar da ba ta wuce titunan Maitama da Wuse da Garki buƙatarta daban take da ta motar da ke kai kaya ƙauyukan Kuje da Bwari da Kwali da damina.

Lamba Ta Farko: Hudojin Noti

Abu na farko shi ne yawan hudojin noti da faɗin da'irar da suke kai, wanda ake kira PCD. Idan an ce 5x114.3, ana nufin hudoji biyar a kan da'ira mai faɗin milimita 114.3. Toyota Camry da Honda Accord ƙirar 2003 zuwa sama wannan awo gare su. Corolla ƙirar 2003 zuwa 2008 kuwa 5x100 ce, Mercedes-Benz 5x112, Peugeot 406 kuma 4x108, yayin da Toyota Hilux mai noti shida take da 6x139.7.

Haɗarin yana cikin awon da suka yi kusa da juna. Tsakanin 112 da 114.3 bambancin milimita 2.3 ne kacal, ido ba ya ganinsa, kuma ana iya tura rim ɗin ya shiga da ƙarfin tsiya. Amma notunan za su zauna a karkace, kusoshin su riƙa tanƙwaruwa, har wata rana su karye ana cikin gudu. Haka nan faɗaɗa hudoji da injin huda ƙarfe, kamar yadda wasu ke yi, raunana rim ne a daidai wurin da ya fi buƙatar ƙarfi.

Lamba Ta Biyu: Hudar Tsakiya

A tsakiyar kowane rim akwai babbar huda wadda ke zama a kan cibiyar ƙafar mota. Ta Camry milimita 60.1 ce, ta Accord 64.1, ta Peugeot 406 kuwa 65.1, ta Mercedes-Benz 66.6. Wannan ne dalilin da ya sa rim na asali na Camry ba ya shiga Accord, ko da yake hudojin notinsu ɗaya ne.

Kamfanonin da ke yin rim domin kasuwa sukan yi hudar da faɗi, alal misali 73.1, domin ta shiga motoci iri-iri. A nan ana buƙatar zobe na roba ko na alminiyon wanda zai cike giɓin. In babu zoben, da wuya rim ya zauna a tsakiya sosai, sai sitiyari ya riƙa karkarwa idan gudu ya kai kilomita 80 zuwa 100 a awa. Masu motoci da yawa sun yi ta kashe kuɗi wajen daidaita nauyin taya, alhali abin da ya rage zobe ne mai araha.

Lamba Ta Uku: Faɗi Da Zurfi

A bayan rim akan sami rubutu irin wannan: 7Jx16 ET45. Lamba 7 faɗin rim ne da inci, 16 kuma girman da'irarsa. ET kuwa taƙaitacciyar kalmar Jamusanci ce, tana nuna tazarar da ke tsakanin fuskar da ke manne wa mota da tsakiyar faɗin rim, da milimita. Yawancin ƙananan motocin da ƙafafun gaba ke ja suna tsakanin 35 da 50.

Idan lambar ET ta yi ƙasa da ta asali da yawa, taya za ta turo waje, ta riƙa gogar madigadi idan an yi lodi, boris kuma ya riƙa cinyewa da wuri. Idan ta yi sama da yawa, rim zai shige ciki ya taɓa kan birki ko shakazoba. Abin da ya fi dacewa shi ne kada a yi nisa da lambar asali fiye da 'yan milimitoci, kuma a gwada guda ɗaya a ƙafar gaba, a karya sitiyari hagu da dama har ƙarshe, kafin a biya kuɗi.

Lamba Ta Huɗu: Girman Rim Da Taya

Yawancin masu sauya rim so suke su ƙara girma. Ƙa'idar ita ce jimillar tsayin rim da taya ya tsaya kusa da na asali, bambancin kada ya haura kashi 3 cikin 100. Ga misali. Camry ƙirar 2002 zuwa 2006 takan zo da taya 205/65 R15. Faɗin tayar milimita 205 ne, tsayin gefenta kashi 65 cikin 100 na faɗin, wato milimita 133. Inci 15 kuwa milimita 381 ne. Idan aka haɗa rim da gefen taya na sama da na ƙasa, jimilla ta kama kimanin milimita 647.

Wanda ya koma inci 17 sai ya nemi taya 215/50 R17, wadda jimillarta ita ma kimanin 647 ce. Amma idan ya sa 215/60 R17, jimilla ta zama kimanin 690, ƙarin fiye da kashi 6 cikin 100 ke nan. Maleji zai nuna 100 alhali motar tana gudun kusan 107, a kan babbar hanyar da iyakar gudun ƙananan motoci masu zaman kansu kilomita 100 ne a awa.

Akwai kuma abin lura ga mai lissafin riba. A misalin da ya gabata, gefen taya ya ragu daga milimita 133 zuwa kimanin 108. Wannan gefe shi ne matashin da ke shanye bugun rami. Gwargwadon raguwarsa, gwargwadon yawan ƙullutu a taya da tsagewar rim. Tun da Michelin ya rufe masana'antarsa ta Fatakwal a 2007, Dunlop kuma ya daina ƙira a Ikeja a 2008, kasuwar taya ta dogara ga shigowa daga waje, farashinta yana bin canjin kuɗi, musamman bayan da aka saki darajar Naira a watan Yunin 2023. Saboda haka kuɗin rim somin-taɓi ne. Kamata ya yi mai saye ya fara tambayar farashin tayar da zai riƙa saye nan gaba, da kuma ko ana samun irinta a garuruwan da motarsa ke zuwa.

Lamba Ta Biyar: Nauyin Da Zai Iya Ɗauka

Rim mai inganci yana ɗauke da rubutun iyakar nauyinsa da kilo. A jikin ginshiƙin ƙofar direba ko cikin littafin mota akwai iyakar nauyin ƙafafun gaba da na baya. Sai a ɗauki wanda ya fi yawa a raba biyu. Idan ƙafafun baya kilo 1,600 ne, to kowane rim kada ya gaza kilo 800. Wannan ya fi shafar motocin haya, da bas-bas, da a-kori-kura, waɗanda kullum cikin lodi suke. Ga irinsu, sau da yawa rim na baƙin ƙarfe ya fi riba.

Gane Mai Kyau

Rim da ya cika ƙa'idar Japan yana ɗauke da tambarin JWL, na manyan motoci JWL-T, tambarin VIA kuma yana nuna cewa wata hukuma ta dabam ta gwada shi. Na Jamus yakan zo da lambar KBA. Sai dai masu jabu su ma suna kwaikwayon tambari, don haka a haɗa da sunan kamfani da takardun shigowa. Sababbin kayan da ke ƙarƙashin kulawar Hukumar Kula da Ingancin Kayayyaki ta Ƙasa, SON, suna bin tsarin SONCAP wanda aka fara a 2005, kuma dillali yana da haƙƙin tambayar mai shigo da kaya shaidarsa.

Idan rim na hannu ne, a wanke shi a duba cikinsa da bakinsa, a nemi tsaga ko alamar walda. Sabon fenti a kan tsohon rim abin tuhuma ne. A ɗora shi kan injin daidaita nauyi a juya, lanƙwasa za ta bayyana. Walda tana kashe ƙwarin da aka ba alminiyon ta hanyar gashi a masana'anta, saboda haka rim da ya tsage a hannuwansa ko kusa da hudojin noti ya gama aiki, ko da an ba da shi kyauta. Araha ba ta ado.

Ƙa'idar Ɗaurawa

Noti ba iri ɗaya ba ne. Rim na asali na Toyota yana amfani da noti mai shimfiɗaɗɗen gindi da wosha, na Honda mai kumburarren gindi, yawancin na kasuwa kuwa mai tsinin gindi. Tilas gindin noti ya dace da bakin huda, in ba haka ba zai kwance. Bugu da ƙari, rim na alminiyon ya fi kauri, don haka a tabbatar noti ya ci zare sosai. A kusa mai kaurin milimita 12 da zare 1.5, kada ya gaza juyi takwas.

A kankare tsatsar fuskar cibiya kafin a ɗora rim. A fara ɗaura notuna da hannu, a riƙa tsallake ɗaya zuwa na daura da shi. A ƙarasa da sifana mai awon ƙarfi: Camry tana buƙatar 103 a ma'aunin Nm, Accord kuma 108. Hawa kan sifana da ƙafa, ko ƙara mata bututu, yana miƙar da kusa har ta tsinke. Bayan tafiyar kilomita 50 zuwa 100 a sake gwada notunan.

Har ila yau, a yi amfani da dalmar daidaita nauyi mai mannewa daga ciki. Da yawa daga cikin motocin da aka sayar sababbi a Amurka daga watan Satumban 2007 suna da na'urar awon iska a jikin bawul, sai a mayar da ita kan sabon rim. Tayar da aka rubuta OUTSIDE a gefenta, wannan gefen ne ke kallon waje. Lambobi huɗu na ƙarshen rubutun DOT suna nuna mako da shekarar ƙira, wato 2322 na nufin mako na 23 na shekarar 2022. A kuma ajiye tsofaffin notuna a but domin safaya.

Abin Da Ke Cikin Lamarin

Ranar 6 ga Maris, 2016, Ƙaramin Ministan Ƙwadago, James Ocholi, ya rasu tare da matarsa da ɗansa a hanyar Kaduna zuwa Abuja bayan tayar motarsu ta fashe. A watan Afrilun shekarar, likitoci shida daga Jihar Ekiti suka rasu a kan wannan hanya, su ma sanadiyyar fashewar taya. Bayan waɗannan haɗura ne Hukumar Kiyaye Haɗura ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1988, ta ƙara ƙaimi wajen faɗakarwa kan taya. Rim da taya da noti abu guda ne a ƙafar mota, kuskure a ɗaya yana shafar sauran.

Ga ɗan kasuwa kuwa, shawara ita ce ya ajiye littafin awon motocin da suka fi yawa a Abuja, ya tanadi zobba da notuna iri-iri, ya rubuta lambobin nan biyar a kan rasiti, ya kuma amince da mayar da kaya idan ba su dace ba. Ma'aikatu da kamfanonin da ke sayen kaya da yawa sun fi komawa ga dillalin da ya tambayi ƙirar mota da shekararta kafin ya faɗi farashi.