Ɗan Mai Gona Da Ya Zaɓi Leburanci

'Yan'uwana ɗalibai da iyayenmu, ina so in ba ku labarin wani mutumin ƙasar Meziko mai suna Praxedis Guerrero. An haife shi a 1882 a jihar Guanajuato, a gidan wadata, don mahaifinsa yana da babbar gona da barori masu yawa. A zamanin nan kuwa Janar Porfirio Diaz ne ke mulki, ya riƙe ƙasar fiye da shekara talatin. Filayen noma sun taru a hannun 'yan tsirarun attajirai, talaka sai ya yi ta aiki a gonar wani da bashi a wuyansa, in ya mutu ɗansa ya gaji bashin.

Guerrero ya fara da shiga sojan sa-kai na gwamnati, amma ya ajiye a 1903 bayan an harbi masu zanga-zanga a birnin Monterrey. A 1904 ya ƙetara Amurka tare da abokinsa na yarinta Francisco Manrique. To, nan ne abin ya fi ba ni mamaki. Yaron da ya tashi ana yi masa hidima sai ga shi yana haƙar ma'adinai a Colorado, yana saran itace, yana dako a bakin teku a San Francisco. Da mahaifinsa ya rasu ma, bai karɓi gādonsa ba. Ni dai ban san ko mu nawa ne a ɗakin kwananmu za mu iya haka ba!

A can ya shiga jam'iyyar Ricardo Flores Magon mai buga jaridar Regeneracion. Ra'ayinsu shi ne kada a yi hukuma ko kaɗan, babu shugaba, babu mai gona, ƙasa ta zama ta masu nomanta, jama'a su riƙa shirya al'amuransu da kansu. A ganina maganar fili gaskiya ce, amma ta rashin hukuma tana da wuyar haɗiyewa, gama ko makaranta in babu shugaba ban ga yadda za ta zauna ba. Duk da haka mutumin bai tsaya ga surutu ba. Ya buga tasa jarida, Punto Rojo, a El Paso a 1909, kuma ya ɗauki bindiga.

A tsakiyar 1908 ya kai hari garin Palomas da ke bakin iyaka da mutane ƙalilan. Ba su ci nasara ba, aka kashe Manrique, sauran suka tsere cikin hamada da ƙishirwa. Wannan bai sa ya daina ba. Da juyin juya hali ya ɓarke a Nuwamba 1910, sai ya sake ƙetarowa jihar Chihuahua cikin watan Disamba. Suka kama jirgin ƙasa, suka lalata gadoji don kada soja su biyo su, sa'an nan suka faɗa wa garin Janos da dare. A cikin yaƙin nan harsashi ya same shi a ka, ya mutu ran 30 ga Disamba, yana da shekara 28.

Bayan wata biyar Diaz ya sauka daga mulki ya tafi Faransa. A jihar Chihuahua, kusa da iyakar Amurka, an sa wa wani gari sunan Guerrero.